Wanda Ya Ƙare Aikinsa a Teburin Ciniki da Al'adu: Jakada Ne ko Ɗan Rakiya?

Sabon Jami'i: Assalamu alaikum jama'a. Wata magana ce ta tsaya mini a rai. Da muka gama horo aka rarraba mu, ni aka kai ni sashen tattalin arziki da al'adu. Wani na gaba da ni ya ce duk wanda ya daɗe a wannan tebur ba zai taɓa zama jakadan da ake jin muryarsa ba. Wai diflomasiyyar gaske tana sashen siyasa, inda ake maganar yaƙi da sulhu da kan iyaka, mu kuwa 'yan rakiyar 'yan kasuwa da makaɗa ne. Don Allah, gaskiya ya faɗa?

Mai Lissafi: Wa alaikumus salam. Ƙanena, ya faɗa maka abin da wasu za su ɓoye maka. In rigima ta tashi tsakanin ƙasashe biyu, wa ake tasa da tsakar dare? Jakada ne da mai ba shi shawara kan siyasa. Ɗan kasuwa kuwa ya fi kowane jami'i sanin inda riba take, ba ya jiran ofishin jakadanci ya nuna masa. Al'adu kuma me ya rage in ka cire liyafa da baje kolin zane-zane? Ka nemi canji tun da wuri, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Dattijo: Yaro, kafin ka rubuta takardar neman canji, buɗe yarjejeniyar Biyana ta 1961, wadda kusan duk ƙasashen duniya ke tafiyar da hulɗar jakadanci a kanta. Sashe na 3 ya jera ayyukan ofishin jakadanci guda biyar: wakiltar ƙasa, kare muradunta da na 'yan ƙasarta, tattaunawa da gwamnatin da ta karɓe ka, bin diddigin halin da ake ciki ta hanyar halal da kai rahoto gida, sai kuma ƙarfafa zumunci da bunƙasa hulɗar tattalin arziki da al'adu da kimiyya. Aikinka ke nan, a rubuce, ba cikon benci ba. Na yi shekaru masu yawa a wannan tebur kafin in yi ritaya, kuma abin da na gani shi ne kwanakin rigima kaɗan ne a rayuwar ofishi. Sauran kwanakin duka na haraji ne, da izinin saukar jiragen sama, da guraben karatu, da kayan da aka tsare a tashar ruwa.

Mai Lissafi: Baba, a gafarce ni, ai a jerin da ka kawo ma shi ne na ƙarshe.

Hajiya: Malam Mai Lissafi, ni a kan "ba ya jiran ofishin jakadanci" zan tsaya, domin ni 'yar kasuwar ce. Na taɓa aika kaya wata ƙasa aka riƙe su, wai takardar shaidar ingancin da ke hannuna ba su san hukumar da ta bayar da ita ba. Kullum kuɗin ajiya na hauhawa. Lauya bai iya komai ba, dillali bai iya komai ba. Jami'ar ciniki ta ofishin jakadancinmu ce ta san wanda ya kamata a kira, don ta shekara biyu tana zama da mutanen hukumar a taruka, sun san fuskarta. Babban kamfani yana da nasa lauyoyin a kowace ƙasa, shi ne wanda ba ya jira. Mu ƙanana, in babu wannan tebur, marayu ne. Amma in faɗi ɗaya gefen: a wata ƙasar na tarar da jami'in da bai san ko jadawalin harajin kwastan na ƙasar da yake zaune ba. Irinsa ne suka ja wa teburin raini.

Malamin Tarihi: Bari in kawo abin da ya faru, ku auna da kanku. A watan Janairun 1958, ana tsakiyar yaƙin cacar baka, Amurka da Tarayyar Sobiyet suka sa hannu kan yarjejeniyar musayar al'adu da ɗalibai. Cikin rukunin farko da aka tura Jami'ar Kolombiya da ke New York akwai wani mai suna Alexander Yakovlev. Ya koma gida ya ci gaba da aikin jam'iyya. A 1973 aka tura shi jakada Kanada, turawar da aka ɗauka nesanta shi ce daga Mosko, ya yi shekara goma a can. A 1983 Gorbachev, wanda lokacin harkar noma ke hannunsa kafin daga baya ya zama shugaban Tarayyar Sobiyet, ya je Kanada ganin gonaki, Yakovlev ya zagaya da shi. Daga nan aka dawo da shi gida, ya zama ɗaya daga cikin manyan masu tsara sauye-sauyen da Gorbachev ya kawo. Ku lissafa: daga gurbin karatu zuwa wannan matsayi, kusan shekara talatin. Jami'an da suka tantance takardun ɗaliban nan a 1958 babu wanda ya tafa musu.

Mai Lissafi: Malam, labari mai daɗi, amma mutum ɗaya ne cikin dubbai. Kuma Yakovlev ya dawo daga Amurka yana sukar Amurka ne. Ga nawa misalin. Kowa na son ambaton ƙwallon tebur: 'yan wasan Amurka sun je Sin a Afrilun 1971, sai shugaban Amurka Nixon ya je a Fabrairun 1972. To wa ya buɗe ƙofar? Kissinger ne, mai ba Nixon shawara kan tsaro, da ya sulale zuwa Sin ta Pakistan a asirce a watan Yulin 1971, kuma abin da ya haɗa su tsoron Sobiyet ne. Siyasa ce ta yanke shawara, wasan ado ne.

Malamin Tarihi: Ban musa ba siyasa ce ta yanke. Amma me ya sa Sin ta ga sai ta fara da 'yan wasa? Fiye da shekara ashirin ana gaya wa mutanen ƙasashen biyu cewa ɗaya maƙiyin ɗaya ne. Shugaba ba zai wayi gari kawai ya rungumi wanda ya ce wa jama'arsa dodo ne ba. Sai an fara jiƙa ƙasa kafin a yi shuka. Hotunan 'yan wasan nan su suka jiƙa ta.

Lauya: Ni tsorona daban ne, kuma ina ganin ya fi na Mai Lissafi nauyi. Masu wannan tebur sukan yarda cewa ciniki na hana yaƙi. Kafin 1914 Ingila da Jamus manyan abokan cinikin juna ne, suka gwabza. Kafin 2022 fiye da rabin iskar gas da Jamus ke shigowa da ita daga Rasha take zuwa, an shekara da shekaru ana cewa wannan igiya za ta ɗaure Rasha. A Fabrairun 2022 Rasha ta afka wa Yukiren, sai ga shi Jamus ce igiyar ta ɗaure. Al'adu ma ba koyaushe hannunsu ke da tsabta ba. A tsakanin 1966 da 1967 aka bankaɗo cewa hukumar leƙen asirin Amurka ce ke zuba kuɗi a wata babbar ƙungiyar marubuta da masana da ke ɗaukar nauyin mujallu har a Afirka. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Dattijo: 'Yata, kin taɓo inda yake yi mini ciwo, kuma ba zan kare abin da ba ya karuwa ba. Ciniki shi kaɗai ba ya hana yaƙi. Amma dubi bambanci. Abin da Bafaranshen nan Jean Monnet ya tsara, ministan harkokin wajen Faransa Robert Schuman ya shelanta ranar 9 ga Mayun 1950, ya wuce saye da sayarwa. Kwal da ƙarfe, kayan da ake ƙera makamai da su, aka ɗauke daga hannun gwamnatoci aka sa ƙarƙashin hukuma guda mai iko da kotunta. Ƙasashe shida suka sa hannu a Faris a 1951. Sannan a 1963 Faransa da Jamus ta Yamma suka kafa ofishin musayar matasa, yara suna zuwa suna kwana a gidajen waɗanda iyayensu suka yaƙi juna. Ƙasashen da suka yi yaƙi uku tsakanin 1870 da 1945 ba su sake ba. Bututun gas kuwa ba shi da kotu, ba shi da hukumar haɗin gwiwa, dogaro ne na gefe ɗaya. Jami'in tattalin arziki na ƙwarai shi ne wanda zai rubuta wa gida cewa wannan dogaro ya yi yawa, ko da ba a son ji. Wanda ya koma mai tallar kwangila kawai, ya bar aikinsa.

Mai Lissafi: Monnet dai ba ma'aikacin ofishin jakadanci ba ne, Baba. Daga kasuwanci ya fito.

Dattijo: Haka ne. Amma wa ya zauna ya rubuta sassan yarjejeniyar ɗaya bayan ɗaya? Tattaunawar cinikin da aka buɗe a Urugwai a 1986 sai 1994 aka rufe ta a Marakesh, daga ita aka haifi Ƙungiyar Kasuwanci ta Duniya a 1995. Shekara takwas ana jayayya kan tallafin noma da tufafi da haƙƙin mallakar fasaha. Ƙasashen da suka je da ƙwararru sun rubuta dokokin, waɗanda suka je da mutum biyu ko uku suka sa hannu a kan abin da aka rubuta musu. Har gobe muna biyan wannan.

Lauya: A nan kam na yarda. Zan ma ƙara da kayan tarihin masarautar Benin ta Najeriya da sojojin Ingila suka kwashe a 1897. Yarjejeniyar UNESCO ta 1970 kan hana fataucin kayan tarihi ba ta shafi abin da aka kwashe kafin ta ba, don haka hanyar kotu kusan a toshe take. A 1978 shugaban UNESCO, Amadou-Mahtar M'Bow ɗan Senegal, ya yi kira a mayar wa al'ummomi kayan gadonsu. Sai a Yulin 2022 Jamus ta sa hannu da Najeriya kan miƙa mallakar fiye da guda 1,100, a Disamba kuma ministar harkokin wajenta ta kai kashin farko Abuja da kanta. Babu takunkumi, babu barazana. Zama ne da shugabannin gidajen tarihi, shekara bayan shekara. Amma tsorona na farko yana nan, ban janye shi ba.

Mai Lissafi: To na ji aikin na da amfani. Tambayar yaron fa ita ce ko zai hau. Ana tura jami'i shekara uku ko huɗu, a ɗauke shi. Ku da kanku kun ce 'ya'yan wannan itace sai bayan shekara ashirin ko talatin. Ranar ƙarin girma me zai nuna?

Dattijo: Wannan ita ce gaskiyar da ke cikin maganar wancan babban nasa, kuma ba ni da maganinta. Na ga waɗanda suka ɗaure yarjejeniyar da wani ya zo ya ɗauki hoton sa hannunta. Ni ma an yi mini. Abin da zan ce wa yaron: kada ka bari a rufe ka a tebur ɗaya, ka nemi zagaye ɗaya a sashen siyasa, domin jakada dole ya iya duka. Amma ka shiga can da abin da su ba su da shi. Ka iya karanta kasafin kuɗin ƙasar da kake, ka koyi harshenta har ka yi musu da shi, ka san malaman jami'arta da 'yan jaridarta tun ba su zama ministoci ba. Kuma ka riƙe sashe na 42 na yarjejeniyar Biyana: jami'in diflomasiyya ba ya yin kasuwanci don aljihunsa a ƙasar da aka tura shi. A teburinka jarabawar nan ta fi yawa, don kowane ɗan kwangila zai so ya zama abokinka.

Hajiya: Kuma in 'yar kasuwa irina ta buga waya, ƙanena, ka ɗauka.

Sabon Jami'i: In sha Allahu, Hajiya. Na gode, Baba. Zan yi zagayen farko a nan, takardar neman canjin na ajiye ta tukuna. Sai dai ina da wata tambayar: wata shida suka rage a tura ni, in fara da harshen ƙasar ne ko da dokokin kwastan ɗinta?

Dattijo: Harshe. Dokokin za ka same su a rubuce ranar da ka isa.

Mai Lissafi: Ni kuwa na ce kwastan. Hajiya ba za ta jira ka gama koyon gaisuwa ba alhali kayanta na tashar ruwa.