Ƙarar da ta mutu ba a yanke ta ba: me za mu kira ta?

Jama'a, ina neman kalmar Hausa ga abin da lauyoyin Amurka ke kira moot, na Indiya kuma su ce infructuous. Ga misali: wanda ya faɗi zaɓe ya garzaya kotu, ya ce an yi masa maguɗi. Ana cikin shari'a sai aka rushe majalisar, aka kira sabon zaɓe. Kujerar da ake rigima a kanta ta tafi. To, me ya sami ƙarar?

"An kori ƙara" bai yi ba, domin mai sauraro zai ɗauka alƙali ya duba ne ya ga ba ta da tushe. "An janye" kuwa ƙarya ce, mai ƙara bai janye komai ba. Wani malami ya kawo mini "ihu bayan hari". Allah ya gafarta malam, akwai daɗi a baki, amma an zalunci mai ƙara: ya yi ihunsa a kan kari, shari'ar ce ta yi nawa.

Ni dai na tsaya a kan "mushe". Dabbar da ta mutu ba a yanka ta ba, ita ce mushe. Ƙarar da ta mutu ba a yanke mata hukunci ba fa? Ta yi mushe. Wuƙa tana hannun alƙali, bai kai ga sa ta ba rai ya yi halinsa, kuma babu mai cin naman, da mai ƙara da wanda ake ƙara. A Ingila, inda alƙalai suka karɓi shari'ar zaɓe daga hannun majalisa a 1868, haka aka yi da ƙarar zaɓen birnin Exeter da aka rushe majalisa a 1874.

Sai dai a yi hattara, ba kowace ce ke mutuwa ba. A Indiya, wanda aka kama da laifi irin na sayen ƙuri'a ana iya hana shi takara har shekara 6. Saboda haka Kotun Ƙolin ƙasar ta bambanta: in zargin irin wannan ne, rushe majalisa ba ya kashe ƙarar, tunda hukuncin zai bi mutumin har zaɓe na gaba. In kuwa kujera kawai ake nema, kamar wata ƙara daga jihar Orissa a 1974, shi ke nan. Ta farkon mu ce "da sauran numfashi", ta biyun "mushen ƙara".

Damuwata ɗaya: ko mai karanta labarai zai iya cewa "ƙarar ta yi mushe" bai yi dariya ba?