Maigidana yana dakan dutsen zinare a tsakar gida, ɗana kuma ba shi da lafiya

Maman Sadik: Assalamu alaikum 'yan uwa. Shekara biyu ke nan da maigidana ya bar noma ya koma haƙar zinare, bayan damina ta ƙi mu sau biyu a jere har bashi ya yi mana katutu, kuma da kuɗin ramin nan ne muka biya bashin, muka yi wa ɗaki rufin kwano, muka aurar da ƙanwarsa. Saboda tsoron ɓarayi, gida yake kawo buhunan dutse, a daka a turmi, a tankaɗe, da dare kuma ya ƙona zaiba a cokali a ƙofar ɗaki. Yanzu autana yana fama da ciwon ciki da amai, ya daina wasa, shekaranjiya har da jijjiga, kuma maganin zazzaɓin cizon sauro bai yi masa komai ba. Ina mafita?

Baban Hafsa: Wa alaikumus salam. Baiwar Allah, a kai yaron asibiti yau, a ce a auna dalma a jininsa. Irin wannan dakan a gida ne ya kashe yara fiye da 400 a Zamfara a 2010, a ƙauyuka irin su Dareta da Yargalma, domin dutsen yana ɗauke da gubar dalma, ƙurar kuma tana sauka a ƙasa inda yaro ke rarrafe yana kai hannu baki. Hayaƙin zaibar ma guba ce mai taɓa ƙwaƙwalwa. Shekarar yaron nawa?

Yaya Talatu: Ni ramin nan ya gama da ni. Ƙanena ya bar makaranta saboda shi, ya dawo da tari da shaye-shaye, rijiyarmu kuma ta gurɓace, amma masu sayen zinaren ko sannu ba su ce mana ba.

Abu Yasir: Ba sai an tayar da hankali ba. A riƙa jiƙa dutsen kafin a daka, ƙura ba za ta tashi ba.

Baban Hafsa: Jiƙawa a bakin rami ake yin ta. A Zamfara sai da aka kankare ƙasar gidaje aka zuba sabuwa kafin maganin gubar dalmar ya yi amfani, saboda yaron da aka yi wa magani ya koma gurɓataccen gida, gubar sake shigarsa take yi. Ki kwashe yaran ku bar gidan.

Maman Sadik: Malam, in kwashe su in kai su ina? Maigidana ba mugu ba ne, kuma ina share tsakar gidan safe da yamma. 'Ya'yan maƙwabta ma a cikin ƙurar suke wasa, lafiyarsu ƙalau.

Baban Hafsa: Sharar da tsintsiya ita ke ƙara tayar da ƙurar. Har yanzu ba ki faɗi shekarun yaron ba.

Maman Sadik: Zan yi wa maigidana magana idan ya dawo daga rami ranar Alhamis.