Aware, Araba ko Ɓallewa?

Jama'a, a agaza min. Ina mayar da taƙaitaccen bincikena zuwa Hausa don wani shirin rediyo a nan Kaduna. Fannin namu yana nazarin rawar da addini ke takawa a rikicin masu son raba ƙasa. Kalmomi biyu sun tsaya min a wuya: separatist conflict da emerging democracies.

Daga Kawo: Ta farkon ai ba ta da wuya. 'Yan aware, haka kafafen labarai ke faɗa kullum. Ka ce rikicin 'yan aware.

Daga Tudun Wada: Yaro, mu araba muka sani. Ina ɗan makaranta a watan Mayun 1966, bayan shugaban mulkin soja Janar Ironsi ya kafa doka ta 34 da ta rushe tsarin tarayya, da kunnena na ji ana ihun "A raba! A raba!" a titi.

Baba, Allah ya ƙara girma, amma nan ne tsorona. Araba tana ɗauke da jinin waccan shekarar. In na faɗe ta ina maganar Aceh, wani lardi a Indunusiya, mai sauraro 1966 zai tuna, ba Indunusiya ba. Ga shi Aceh nake so a lura da ita, domin masu tawayen Musulmi ne, mafi yawan waɗanda suke yaƙa ma Musulmi, har aka sasanta a Helsinki a 2005. Ka ga ba kullum bambancin addini ke kunna wutar ba.

Daga Barnawa: Ƙanina, ka raba biyu. Aware ita ce aƙida da fafutuka, ɓallewa kuwa aikin ne in ya tabbata. Sudan ta Kudu ta ɓalle a 2011 bayan ƙuri'ar raba gardama. Biyafara ta yi shelar ɓallewa a 1967, abin ya ƙare a 1970.

Yaya, kin warware min wannan. Saura ta biyun. Na rubuta jaririyar dimokuraɗiyya.

Daga Kawo: Tun 1999 ake kiran tamu jaririya. Jariri har da gemu?

Daga Barnawa: Sa mai tasowa kawai. Na so in ce mai tatata, amma a rediyo za a ɗauka ba'a ce.

To na rubuta: addini da rikicin 'yan aware a ƙasashen da dimokuraɗiyyarsu ke tasowa. Baba, araba kuwa zan bar ta a babin Najeriya, kuma zan zo Tudun Wada ranar Asabar da rikoda in ka amince.