Musayar Waƙa: Ƙidayar Kwanaki a Duniya Mai Wata Biyu

Mai Alƙalami ya buɗe fage:

Da sunan Allah nake fara wannan waƙa,
Shi ne Ya sanya dare da yini suna bin juna.
Na ƙago wata duniya a zuciyata, ya ku 'yan'uwa,
Wadda wata biyu ke haskawa bayan faɗuwar rana.
Na farkon fari ne tas, mutanenta suna ce masa Babba,
Daga tsayuwarsa zuwa wata tsayuwar 28 ne adadin kwana.
Na biyun ja ne ƙarami, Auta suka raɗa masa,
Kwana 20 ke isar sa ya ɓuya ya sake nuna.
Duk kwana 140 sai su ɓace a dare guda,
A kashe wutar kowane murhu, gari ya yi tsit a zauna.
A dare na 70 kuwa dukansu suke cika tare,
Har maɗinki ya zura zare a allura yana zaune a shigifa bisa tabarma da ya shimfiɗa tun rana.
Zagaye uku irin wannan shi ne shekararsu,
Kwana 420 cif, babu ragi babu ƙari idan an auna.
Ga shi na shimfiɗa a gabanku, masana,
Wanda ya ga baraka ya ɗinke mini magana.

Iya Manomiya ta amsa:

Ɗana, lissafinka ya zauna daram a takarda,
Sai dai ban ji inda ka ambaci ranar shuka.
Damina ba ta neman izinin wata kafin ta faɗi,
Tafiyar rana take bi, da ita ruwan sama ke sauka.
A wurinmu shekarar wata kwana 354 ce, ta rana 365,
Tazarar kwana 11 ita ke juya lokutan duka.
Shi ya sa na yi azumi a tsakiyar zafin bazara,
Na yi shi da hunturu, na kuma yi shi da kaka.
Manomin da ya jira wata kafin ya fitar da iri,
Zai binne geronsa a busasshiyar ƙasa ya koma yana kuka.
Faɗa mini kwana nawa ranar duniyarka take ɗauka,
Kafin damina ta komo inda ta bar mutanenka.

Malamin Hisabi ya shiga:

Iya, kin taɓo jijiyar, Allah Ya ƙara miki lafiya,
Domin wata da rana ba su cika daidaita ba a shekara.
Mu ƙaddara cewa ranar can kwana 425 take yi,
Kun ga bayan zagaye ukun kwana biyar suka yi saura.
Mutanen Masar na dā sun yi wata 12 masu kwana 30,
Suka ware kwana biyar a ƙarshe domin su cike shekara.
Habasha har yau tana da ɗan wata na 13, Pagume,
Mai kwana biyar, wanda duk shekara huɗu kwana guda yake ƙara.
Mutanen Babila kuwa wata bakwai suke cusawa a shekara 19,
Watanni 235 ke nan, kuma ba ƙaramar dabara.
Mu Musulmi ba mu ƙara wa watanni 12 kome ba,
Tun da aka ɗauki Hijira ta 622 a zamanin Sayyidina Umar aka fara.
Sai muka bar wa wata ibada, muka bar wa taurari noma,
Manzili 28, wato rukunan taurari, malaman hisabi suke bi a jere yadda aka tsara.
Kowanne kwana 13 ne, guda ɗaya ya ɗauki 14,
A haɗa su a sami 365, ba sai an yi wani gyara.
Don haka ka riƙe ƙidaya biyu, ɗan'uwa, kada ka gauraya su,
Wannan ita ce tawa shawara.
Bikin daren duhu na sabuwar shekara zai riƙa ja da baya kwana biyar-biyar,
Sai bayan shekarun rana 84 ya komo inda ya fara.
Tsohon da ya ga haka da idonsa ya cancanci rawani,
Domin ya shaidi biki guda a kowane yanayi na shekara.

Falke ya kawo nasa:

Allah Ya gafarta Malam, ni hanyar Habasha ta fi kwanta mini,
Domin mu fatake da Auta muke sanin ranar kasuwa.
Kwanansa 20 a raba huɗu, kasuwa ta ci duk kwana biyar,
Ayari ya tashi gab da dare na 70 saboda hasken da ke da yawa.
A ba mu ragowar kwanakin nan su zama na sararawa,
Kada a bi kowa bashi, kada alƙali ya nemi rantsuwa.

Mai Alƙalami ya yanke:

Yaya Falke, buƙatarka mai kyau ce, amma duba abin da za ta jawo,
Idan aka cusa kwana biyar, daren duhu da sabuwar shekara sun bar juna.
Auta zai riga ya ci rubu'in tafiyarsa kafin a ce an shiga,
Masu kashe wuta su kashe ta alhali wata biyu suna nuna.
Na ba ka kwana biyar na bayan kowane daren duhu,
A cikin ƙidaya suke, kuma mai bin bashi zai haƙura ya zauna.
Na karɓi shawarar Malam, wata ya riƙe biki da kasuwa,
Taurari 25 masu kwana 17 kowanne su riƙe lissafin rana.
Iya, ke kika san ƙamshin ƙasa idan ruwan farko ya taɓa ta,
Ki zaɓi tauraron shuka daga cikinsu, ki raɗa masa suna.