Mi za mu kira demurrage da Hausa?

Jama'a ku taimaka, kalma guda ta tsaya mani tun jiya, demurrage, wadda 'yan kiliyarin ke cewa dimorej. Ƙanena da ke karatun harkar jiragen ruwa ya tambaye ni Hausarta, sai na yi shiru.

Ga yadda abin yake. Ɗan kasuwa ya ɗauki shatar jirgin dakon mai, a ce Suezmax mai cin ganga kamar miliyan 1, ko ƙaton nan VLCC mai ɗaukar kusan miliyan 2, ya taho tashar jiragen ruwa ta Bonny ko ta Forcados lodin ɗanyen mai. Cikin yarjejeniya an yanka mai lokaci, galibi awa 72, lodi da saukewa duka. In lokacin ya ƙare jirgi na nan tsaye to mai shata zai fara biyan mai jirgi kuɗi kowace rana, da dala, kuma tun ranar da anka sa hannu anka yanke ko nawa ne.

Wani ɗan'uwa daga Argungu ya ce tara. Malam ban yarda ba, tara hukuma ka yin ta ga mai laifi, nan ko babu hukuma, 'yan kasuwa biyu ne sunka shirya tsakaninsu, wani lokacin ma cunkoson tasha ne ya jawo. Wata Hajiya ta ce diyya, ta fi kusa, amma Bahaushe in ya ji diyya jini ka fara zo mai a rai.

Ni Yauri na tuna. Ka ɗauki shatar jirgi ranar kasuwa ka ce da hantsi albasa za ta iso bakin ruwa, har la'asar mota ba ta zo ba, mai jirgi na zaune bisa gefen jirginsa injin a kashe yana kallon abokansa sun yi sawu biyu har uku. Kana isowa abin da zai ce shi ne, Alhaji ka zaunar da ni fa, sai ka duba ni. To wanga shi ne dimorej, illa dai can a rubuce yake tun farko.

Shi ya sa nike ganin kuɗin zaunarwa. An kawo kuɗin jira, yana da daɗin faɗi, sai dai bai nuna wa ya tsayar da wani ba, zaunarwa ko kana ji ka san mai biya. Ita na tura wa yaron, awa 72 ɗin kuma na ce ya rubuta wa'adin lodi. 'Yan fito na Yauri da ke nan, in kuna da sunan da kuke kiransa tun da, don Allah ku faɗa mu ɗauki naku.