Abin da aka ce a fadarmu kan rubuta yaƙin sararin samaniya

Daren Asabar a fadarmu ta Yamai, inda muke zaman hira da shan shayi, ƙanena ya karanta mana labarinsa na sojojin da ke yaƙi a wata duniya. Kafin shayi na uku ya nuna, an ba shi shawarwari.

Wani tsohon soja ne ya fi magana. Ya ce, "Yaro, bindigoginka sun yi yawa. Nuna mini sojan da ya dawo gida, ƙofa ta buga da ƙarfi ya faɗi ƙasa, matarsa ta rasa abin cewa." Ciwon nan na firgita bayan an ga bala'i, likitocin ƙwaƙwalwa a Amurka sai 1980 suka sa shi a littafinsu na cututtuka, bayan yaƙin Biyetnam.

Wani malamin makaranta ya kawo misalin Joe Haldeman, marubuci ɗan Amurka, wanda aka ji wa rauni a Biyetnam, ya fitar da littafi a 1974. Sojan da ke cikin littafin na dawowa daga yaƙin sararin samaniya ya tarar shekaru aru-aru sun wuce, ya zama baƙo a cikin mutane.

Kan ƙyama kuwa, an ce kada abokan gaba su zama dodanni kawai. A bari mai karatu ya ji sunan raini da sojoji ke laƙaba musu, sannan ya ga ɗaya daga cikin abokan gaban yana shayar da ɗansa. Ni nan na fi yarda.