Wane irin dutse ne niyobait? Na tsinci sunan cikin adakar kakanmu

Ɗan Ƙofar Sauri ya rubuta:

Assalamu alaikum jama'ar gidan nan, barkanmu da war haka. Dan Allah masana duwatsu ko waɗanda suka taɓa zama Jos ku taimaka man da wani abu da ya ɗaure man kai yau kwana huɗu kenan. Kakanmu na wajen uba Allah ya yi mashi rasuwa tun ina firamare, to satin da ya wuce ake gyaran ɗakinshi saboda damina ta ci bangon, sai aka jawo wata tsohuwar adaka daga ƙarƙashin gado wadda tun rasuwarshi ba wanda ya buɗe ta. Ciki akwai takardun haraji da wata hula da asu ya gama da ita, sai wani gwangwanin sigari irin na da mai murfi, cike da baƙin yashi mai ɗan sheƙi, wallahi nauyi kamar mi, ka ɗauka sai ka ji hannunka ya yi ƙasa. Jikin gwangwanin an liƙa takarda da rubutun hannu na boko, N-I-O-B-I-T-E, ni dai niyobait na karanta shi, ƙasanshi kuma an sa Cb2O5 sai lamba 65.

Abin da na sani tsohon ya yi aikin kuza a Bukuru, an ce tun lokacin yaƙin Hitila aka ɗebe su daga nan ƙasar Katsina, da aka sallami mutane shi bai dawo ba sai bayan an samu mulkin kai, kuma ya ƙare ne yana ma wani bature aiki a ɗakin da ake awon kaya. Yanzu gidan ya rabu biyu, Baffa ya kafe wai dukiya ce tsohon ya ɓoye mana har ya hana kowa taɓawa, Goggo ta ce tozali ne kawai a ba ta ta daka. Na ɗan ɗibi kaɗan na kai ma wani mai sayen duwatsu yace shi tunda yake bai taɓa jin dutse mai wannan suna ba, na ɗauko littafin kimiyyar ƙanena na duba jadawalin sinadarai daga sama har ƙasa babu wani Cb. To mi ake nufi da sunan, kuma har yanzu ana amfani da shi ko ya mutu?

Bakatsinen Bukuru ya rubuta:

Wa alaikumus salam ɗana. Allah ya jiƙan kakanku ya sa ya huta. Ni a Bukuru aka haife ni, mahaifina ma kuzar ce ta kai shi, sai da na yi aure na dawo gida Rafindadi. Yadda ka kwatanta abin nan, baƙi mai sheƙi mai nauyi kuma daga ɗakin awo, kolombait ne in sha Allahu. Tare yake fitowa da kuza wajen wanki, in an zuba ƙasa a magudana ruwa ya tafi da marar nauyi sai su biyun su kwanta a ƙasa tare da sauran baƙin yashi, daga baya a kai inji mai maganaɗisu ya raba su domin shi kolombait yana ɗan amsa maganaɗisu ita kuza ko ba ta amsawa. Shi wancan sunan na jikin gwangwani ban san shi a bakin leburori ba, mu dai kolombait muka tashi muka ji ana cewa daga Bisichi har Barikin Ladi. Ka ce ma Goggonku kada ta kuskura ta sa shi a ido.

Yaron Kasuwa ya rubuta:

Kai mutumina ka warke lol. Kolombait ba shi ne ake sawa cikin waya ba? Naji ance daga ƙasar Kolombiya aka fara samo shi shi ya sa sunan. Ka tura man hoto ta inbox in haɗa ka da wani.

Malamin Kimiyya ya rubuta:

Salam. Baba Bakatsinen Bukuru ya faɗi gaskiya, kolombait ne, kuma niyobait tsohon sunanshi ne da aka yar. Yaron Kasuwa kai kuma ka haɗa abu biyu wuri guda kuma duka ka kauce, bari in zo kanka daga baya. Ku yi haƙuri zan ɗan ja zancen saboda labarin sunan nan yana cikin abubuwan da nake jin daɗin ba ɗalibai, kullum sai sun yi dariya.

A 1801 wani bature ɗan Ingila mai suna Charles Hatchett yana binciken wani baƙin dutse da ke ajiye a gidan tarihi na Landan, wanda aka aiko da shi tun da daɗewa daga yankin Connecticut na Amurka, sai ya gano akwai wani ƙarfe a ciki da ba a san shi ba. Ya raɗa mashi suna kolombiyam, daga Kolombiya, sunan da mawaƙa ke yi ma Amurka kirari da shi saboda Kolombus, ba ƙasar nan ta Kudancin Amurka ba, ita lokacin ma tana hannun Sifaniya. Dutsen kuma aka riƙa ce mashi kolombait. Shekara ɗaya bayan nan, 1802, wani ɗan Suwidin Anders Ekeberg ya gano wani ƙarfen ya sa mashi tantalam. To su ƙarafan nan biyu kamar Hassan da Husaini suke, tare suke zama cikin dutse guda kuma raba su aiki ne ja, shi ya sa a 1809 William Wollaston ya auna ya ce ai abu ɗaya ne, aka yarda da shi saboda babban masani ne, sunan kolombiyam ya kwanta sama da shekara talatin.

Sai a 1844 wani Bajamushe Heinrich Rose ya sake dubawa yace a'a, akwai wani ƙarfe daban tare da tantalam, shi a zatonshi sabo ne ya gano, sai ya sa mashi niyobiyam. Dalili kuwa a tatsuniyar Girkawa akwai wani sarki Tantalus, wanda aka ba tantalam sunanshi, yana da ɗiya mai suna Niyobi, wato tunda kullum suna manne sai yace to ga uba ga ɗiya. Shekara ta zagayo, 1845, Wilhelm Haidinger na Ostiriya ya bi sahu ya kira dutsen niyobait. Nan sunan jikin gwangwaninku ya samo asali. Sai cikin shekarun 1860 masana irin su Blomstrand da Marignac suka tabbatar niyobiyam ɗin Rose shi ne dai kolombiyam ɗin Hatchett, an raɗa ma yaro suna sau biyu.

Daga nan rigima ta tashi wadda ta yi kusan shekara ɗari, Turai na cewa niyobiyam Amurka na cewa kolombiyam, sai a taron ƙungiyar masana sinadarai ta duniya a Amsterdam a 1949 aka yanke cewa niyobiyam ne sunan, alamarshi Nb, lamba 41 a jadawali. Shi ya sa ka duba littafin ƙanenka ba ka ga Cb ba, ka koma ka duba gida na 41 za ka gan shi ya canza riga.

Abin dariyar shi ne yadda aka yi rabon. A wajen ƙarfe sunan Rose ya ci, na Hatchett ya mutu. A wajen dutse kuma sai aka juya, kolombait ya zauna daram har yau, niyobait ya mutu. Wato kakanku ya ajiye maku takarda mai matattun sunaye biyu a layi biyu, na sama mataccen sunan dutse, na ƙasa matacciyar alamar ƙarfe. Ni a ganina ma an ɗan zalunci Hatchett tunda shi ya riga kowa, amma ba a tambaye ni ba.

Cb2O5 kuwa ƙarfen ne haɗe da iskar oksijin, biyu da biyar, da haka ake auna ƙarfin kaya a kasuwa, kuma 65 na nufin kashi 65 cikin ɗari, wanda shi ne ma'aunin da aka saba ciniki a kai. 'Yan kasuwa da masu narka ƙarfe na Amurka sun ci gaba da rubuta Cb shekaru da yawa bayan 1949, su ko su ne manyan masu sayen kolombait ɗin Jos a lokacin, ka ga ba mamaki a gan shi a ɗakin awo na Bukuru.

Yaron Kasuwa, na cikin waya tantalam ne, daga tantalait, ɗan'uwan kolombait wanda tantalam ya fi yawa a cikinshi kuma ya fi nauyi. In ka ji ana koltan a labaran Kwango to sunayen biyu aka gutsuro aka haɗa. Shi niyobiyam mafi yawanshi cikin ƙarfen bututun mai da gas da gadoji da jikin mota yake tafiya, ɗan kaɗan ake sawa bai kai kashi ɗaya cikin dubu ba ya ƙara ma ƙarfen ƙwari, sai injin jirgin sama saboda sai zafi ya kai wajen digiri 2,477 a ma'aunin Salshiyas yake narkewa, sai maganaɗisun na'urar MRI ta asibiti mai ɗaukar hoton cikin jiki.

Ɗan Ƙofar Sauri ya rubuta:

Kai Malam Allah ya ƙara ilimi, wallahi na duba yanzun nan ga Nb nan a 41, jiya na wuce shi ya fi sau biyar. Baba na gode ƙwarai, Allah ya ƙara girma. To amma abin da ban gane ba, in tun can sunan ya mutu mi ya sa baturen zai rubuta shi? Sannan tambayar Baffa dai, gwangwani ɗaya zai yi kuɗi?

Hajiyar Daura ta rubuta:

Ni ban san dutse ba amma labarin ɗibar nan na san shi a bakin kakata, yayanta aka tafi da shi. Daga 1942 zuwa 1944 aka yi ta, bayan Japan ta ƙwace Malaya inda Ingila ke samun kuza sai suka juyo kan Jos, aka riƙa ɗora ma hakimai da dagatai adadin mutanen da za su kawo. Tace abin da ya fi kashe su sanyi ne da ciwon ƙirji da rashin abinci, mutum ya tashi a zafin Daura a kai shi kan dutse da 'yar riga ɗaya ya wuni cikin ruwa. Nata yayan bai dawo ba. Ɗana in ni ce kai ba zan sayar ba ko nawa ne, ka bar shi cikin gwangwaninshi da takardarshi. Kuma dan Allah kada a daka shi cikin gida, ba mu manta abin da dakan dutsen zinare ya yi ma yara a Zamfara a 2010 ba.

Malamin Kimiyya ya rubuta:

Hajiya ta yi gaskiya kan daka, Allah ya jiƙan wanda bai dawo ba. Na Zamfara gubar dalma ce, wannan kuma matsalarshi daban, baƙin yashin Jos yakan zo da ɓurɓushin wasu duwatsu irin monazait masu ɗauke da toriyam, suna fitar da tururin da ido bai gani, ɗan gwangwani a rufe a ajiye gefe ba abin tashin hankali ba ne amma shaƙar ƙurarshi ko sa shi a ido ba dabara ba ce. In Goggo na son ta gamsu ga gwaji mai sauƙi, dutsen tozali laushi gare shi, farce bai kama shi amma wuƙa na yanka shi nan da nan, yana farfashewa murabba'i murabba'i kuma in ka goga shi a bayan fasasshen tangaran zai bar layi mai ruwan toka. Kolombait tauri gare shi, layinshi kuma baƙi ne mai ja-ja.

Kan baturen, mataccen suna ba rana ɗaya yake mutuwa ba. Tsofaffin littattafan duwatsu suna kawo sunayen biyu gefe da gefe, wanda ya yi karatu da su sai ya riƙe wanda ya zauna mashi a baki, kamar yadda har yau akwai tsofaffi a kasuwa masu lissafi da sule da fam alhali tun 1973 aka koma naira. Yanzu in ka ga niyobait to a tsohon littafi ne ko jikin tsohon akwatin gidan tarihi, ka je wajen mai saye ka ce kolombait zai gane.

Batun kuɗi kuma ka lallaɓa Baffa. Da kilo da buhu ake cinikinshi, gwangwanin sigari ko ya cika bai wuce kilo ɗaya da wani abu ba. Da a farkon shekarun 1950 ne da wata magana ce, lokacin yaƙin Koriya Amurka na tara shi saboda injin jiragen yaƙi, farashi ya tashi har aka koma ana tone tsofaffin tarin ƙasar da aka zubar a da ana sake wankewa, domin kafin shekarun 1930 datti ake ɗaukarshi mai ɓata kuza. A lokacin Najeriya ce ke ba duniya mafi yawan kolombait, har Riruwai ta nan ƙasar Kano ana samu. Sai aka gano wani dutsen mai suna fairokulo jibge a Araxá ta ƙasar Burazil, kasuwa ta koma can, yau wajen kashi 90 cikin ɗari na niyobiyam ɗin duniya daga Burazil yake fitowa.

Bakatsinen Bukuru ya rubuta:

Haka ne Malam, mahaifina yakan ce sun ga shekarun da aka fi neman dattin da kuzar kanta. Ɗana ka duba cikin takardun ko akwai wani ɗan ƙarfe zagayayye mai lamba, irin wanda ake ba leburori, in akwai ka ɗauko man hotonshi in gani ko zan gane kamfanin.

Ɗan Ƙofar Sauri ya rubuta:

To Baba in sha Allahu zan duba da daddare in Baffa ya buɗe ɗakin, makullin na aljihunshi. Na goga ƙwaya ɗaya a bayan fasasshen faranti kamar yadda Malam yace, layin ja-ja ya fito, na nuna ma Goggo tace to ita dai ta ji amma a bar mata gwangwanin in an juye. Yaron Kasuwa ka daina turo man saƙo, ba na sayarwa ba ne.